Mutanen Bahindi, Mu Tashi Mu Rubuta Labarin Jirgin da Ya Ɗauke Mana Hanya

Jama'ar Bahindi, da 'yan uwa na Bagudo, Kaoje, Illo da Lolo: Na san wani zai ce ina ruwanmu da jirgin ƙasa, alhali ko taku ɗaya na dogo ba a shimfiɗa a Jihar Kebbi ba? Gaskiyarsa. Dogon Ingilishi ya taso daga Zariya, ya bi ta Gusau, ya tsaya cak a Ƙaura Namoda a 1929. Na Faransawa ya taso daga Kwatano, ya iso Parakou a 1936, ya ƙi gaba. Aka bar mu a tsakiya, bakin Kwara.

To amma jirgin nan da bai zo ba, shi ya ɗauke mana hanya. Kafin zuwansa, ayarin fatake masu zuwa Gwanja ta wannan yanki suke ƙetare kogi, wasu ta Illo, wasu ta Yawuri, su ratsa Borgu, su komo da goro a bayan jakuna. In madugu ya yada zango, mai jirgin fito ya samu, mai hatsi ya samu, mai tuwo ma ta samu. Da dogo ya shiga Kano a 1911, sai goro ya koma bin teku zuwa Ikko, daga can tarago ya kawo shi Arewa cikin 'yan kwanaki, tafiyar da ayari ke kwashe watanni yana yi. Zango ya yi ta mutuwa, samari suka kama hanyar cin rani. Yanzu kuma ana shimfiɗa sabon dogo daga Kano zuwa Maraɗi, mu dai ko oho.

Wa ya rubuta wannan? Francis Jaekel, Baturen da ya daɗe yana aikin reluwe, ya fitar da tarihin jirgin ƙasan Najeriya juzu'i uku a Ibadan a 1997. Jan Hogendorn ya yi littafi kan gyaɗar Kano a 1978, Paul Lovejoy ya yi nasa kan fataken goro a 1980. Sun yi aiki, ba a raina musu ba. Sai dai duk da Turanci suke, kuma samunsu a kantin littattafai a Birnin Kebbi sai an tona.

Sannan takardun ofis lissafi suka fi riƙewa: tan nawa aka ɗauka, gada kamu nawa ce. Ina bakin talakan da hakimi ya tura aikin diga? Ina na mai zuba kwal, wanda ke tsaye gaban wuta da shebur, yana ɗura kwal ɗin Inugu, gumi na tsiyaya har ƙafa? Ku tambayi dattijon da ya taɓa hawa jirgin kwal yadda kan jirgi ke tsayawa a tasha a shayar da shi ruwa daga tanki, da yadda toka ke faɗawa idon wanda ya leƙa taga, farar riga ta sauka baƙa. Tun da injin dizal ya kori waɗannan jirage, labarinsu ya koma cikin kawunan tsofaffi, su kuwa kullum raguwa suke yi.

Saboda haka, malaman makaranta, ku ba ɗalibai aikin zama da kakanninsu da waya a hannu, su naɗi murya, su rubuta da Hausa. 'Ya'yanmu da ke Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, ku nufi Gidan Adana Takardun Tarihi na Ƙasa da Arewa House a Kaduna, ku buɗe fayilolin Lardin Sakkwato. Masu dangi a Segbana, Kandi da Malanville, ku jiyo mana nasu ɓangaren, don su ne suka ga motocin da ke sauke kaya daga tashar Parakou. Attajiranmu, ku sayo littattafan nan a ajiye a makarantu, ku ɗauki nauyin fassara da ɗab'i. Iyayenmu sarakuna, ku yi umarni a bincika adaka: tsohon tikiti, wasiƙar ajami, hoton tasha, kada a bar wa gara ko ɗaya.

A fara ranar Juma'ar nan. In an sauko daga masallaci, kowa ya nemi dattijo mafi tsufa a unguwarsa, ya durƙusa ya gaishe shi, ya ce: Baba, a wace tasha ka fara ganin jirgi?