Raddi ga Masu Cewa Lemon Kwalba Ya Tona Asirin Gwajin Korona

Tun bayan da aka tabbatar da mutum na farko mai korona a Legas ranar 27 ga Fabrairu 2020, wata magana ta ƙi mutuwa a bakin mutane. Masu ita suna cewa tunda ana hana ci da sha kafin gwaji, kuma lemon kwalba ma yana fitar da layi biyu masu nuna kamuwa, to abin da ke cikin baki ake aunawa, ba cuta ba. A kan wannan magana mai tari da zazzaɓi ke ƙin gwaji, ya koma gida ya zauna ɗaki ɗaya da tsohuwar mahaifiyarsa. Yin shiru a nan bai dace ba.

Babbar madogararsu ita ce abin da ya faru a majalisar dokokin Ostiriya a Disambar 2020, inda ɗan majalisa Michael Schnedlitz ya ɗiga Coca-Cola a kan abin gwajin gaggawa, layi biyu suka fito. Hakan ya faru, ba mu musa ba. Sai dai ya tsallake matakin da gwajin ya ginu a kansa. A cikin kowane kwalin gwaji akwai ɗan bututu mai ruwan sinadari, a ciki ake jujjuya audugar da aka sa a hanci kafin a ɗiga. Aikin ruwan nan shi ne hana samfurin yin tsami. A kan 'yar takardar da ke cikin robar gwajin kuwa akwai sinadaran garkuwa da aka maƙala wa ƙananan ƙwayoyin zinariya masu ba da jan launi, an shirya su ne don su cafke furotin ɗaya na ƙwayar cutar. A ma'aunin pH ruwa zalla yana kan 7, Coca-Cola kuwa wajen 2.5. Tsami irin wannan yana lalata sinadaran, kamar yadda madara ke tsinkewa idan an matsa mata lemon tsami, sai su manne a kan layin ko babu cuta.

A 2021 'yan makaranta a Birtaniya suka gano dabarar, suka riƙa ɗiga ruwan lemo don a ba su hutu. Farfesa Mark Lorch na Jami'ar Hull ya maimaita abin, sannan ya wanke takardar da ruwan sinadarin, layin ƙaryar ya ɓace. Abin da Schnedlitz ya nuna kawai shi ne kayan aiki yana ɓaci idan an yi amfani da shi ba bisa ƙa'ida ba.

Sannan suna tambaya: in ba abinci ake aunawa ba, me ya sa ake hana ci? Wannan tambaya hujja ce a kansu. Hukumar lafiya ta Birtaniya, NHS, ta ce a bar ci da sha da shan taba na minti 30 kafin gwajin da ake shafa maƙogwaro, haka ma ƙa'idar take a gwajin yawu. Wanda ya gama kurɓar zoɓo ko shayi, ko goro na bakinsa, ko bai jima da goge haƙora da man goge baki ba, yawunsa ya gauraya. Ruwa yana tsarma samfurin, tsami yana rikita takardar, ragowar abinci kuma suna iya kawo cikas ga gwajin PCR, wanda ke neman ƙwayoyin halittar cutar. An sa dokar ce don kada abinci ya shiga lissafi. Gwajin hanci zalla galibi ba ya buƙatar wannan jira, sai dai a bi takardar da ke cikin kwalin.

Wasu kuma sun wuce gona da iri, suna cewa sai an kwana da yunwa. Sun haɗa shi ne da gwajin sukari, wanda ake yi bayan awa 8 ba ci. Mai ciwon sukari da ya yi allurar insulin ya ƙi karin kumallo saboda gwajin korona ya jefa kansa cikin hatsari a banza.

Shawarar da ta fi damuna ita ce a kurkure baki da ruwan gishiri ko lemon tsami don sakamako ya fito fes. Cutar tana hayayyafa ne a cikin ƙwayoyin jikin hanci da maƙogwaro, har zuwa huhu, inda kurkura ba ta kaiwa. Ko da an rage ta a baki na ɗan lokaci, takarda kawai aka yaudara, mutumin zai shiga mota ko sahun salla yana fesa wa jama'a.

Akwai inda suke da gaskiya: gwajin gaggawa yakan kasa gano cutar, musamman a kwanakin farko. Maganin hakan shi ne a sake shi bayan awa 48, kamar yadda hukumar FDA ta Amurka ta ba da shawara, ko a je a yi PCR.