Dasa bishiya a ƙofar gida: rani na farko ne jarrabawar

'Yan uwa ɗalibai, damina ta kankama, lokacin dashe ya yi. Duk shekara akan dasa itatuwa a makarantu da unguwanni, a ɗauki hoto a watse. Kafin zafin watan Maris ya wuce, da yawansu sun zama tsinke. Ƙishirwa da awaki ne suka fi kashe su. Don haka mai son ganin inuwa a ƙofar gidansu ya shirya wa raino tun kafin ya ɗauki fartanya.

Ku fara da neman izinin maigida, sannan ku zaɓi wuri. Ku ba katanga tazarar taku 5 ko 6, domin saiwar babbar bishiya tana tsaga gini. Ku guji ƙarƙashin wayar lantarki. Idan inuwa ake so, darbejiya tana jure fari sosai. Daga Indiya aka kawo ta, amma yau ta cika titunan Kano, Maiduguri da Maraɗi. Idan wurin ƙunci ne, zogale ya fi dacewa, ga shi ganyensa zai shiga kwaɗo.

Ku haƙa rami mai zurfin kamu ɗaya, faɗinsa ma haka. Ku gauraya ƙasar da ruɓaɓɓen taki, don ɗanye yana ƙona saiwa. Ku yage ledar a hankali kada ƙasar jikin saiwar ta warwatse, ku dasa da yamma, ku bar ɗan gurbi a gindin inda ruwa zai tsaya. A ranar kuma za ku kewaye ta da ƙaya ko tsofaffin bulo. Akuya ba ta jiran gobe.

Da ruwan sama ya ɗauke, bokiti ɗaya sau 2 ko 3 a mako ya isa. Inda ruwa ke wahala, ku tara na alwala. Busasshiyar ciyawa a gindin tana riƙe laima. Masu makarantar kwana su danƙa wa ƙane ko ƙanwa amanar kafin a koma.

Tun 2007 Tarayyar Afirka ta amince da shirin kafa katangar itatuwa daga Senegal zuwa Jibuti don tare hamada, kuma jihohin Arewa 11 na ciki. Wannan aikin gwamnatoci ne. Naku shi ne bishiya ɗaya ta ga damina mai zuwa da ranta.