RA'AYINMU: Yadda Aka Karɓe Ka a Caji Ofis, Shi Ke Sa Ka Koma

'Yan'uwa, duk wanda ya saba bin hanyar da ta taso daga Aliero ta ratsa Jega ta nufi Maiyama ya san ba ya rabuwa da 'yan sanda. Mai ɗauke da buhunan albasa yana gamuwa da su a shinge, wanda aka sace wa babur kuma wurinsu zai kai kuka. Tambayar da muke yi ita ce, mene ne ke sa talaka ya yarda da ɗan sanda?

Mu a ganinmu, ba bindiga ba ce, ba kuma yawan kame ba. Mutum yakan haƙura ko da ƙararsa ba ta yi nasara ba, muddin an saurare shi, an gaya masa dalili, ba a zage shi ba, ba a kuma tambaye shi wa ya sani ko daga wane gari ya zo ba. Wannan ya fi shafar ƙananan jama'a irinmu, waɗanda sau da yawa ba su da wani babba da za su kira in abu ya taso. Doka ita ce gatansu.

Dokar kuwa a rubuce take. Sashe na 35 na tsarin mulkin 1999 ya wajabta a sanar da wanda aka kama dalilin kamun a rubuce cikin awa 24, da harshen da yake ji. A kai shi kotu cikin kwana ɗaya in akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu, cikin kwana biyu. Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ta hana kama uba ko mata a madadin wanda ake nema. Dokar 2017 ta haramta azabtarwa. Beli kuma kyauta ne.

Abin da ya faru a Oktoba 2020, sa'ad da zanga-zangar matasa ta kai ga rushe rundunar SARS, ya nuna inda wulaƙanci ke kai ƙasa. Jihar Kebbi ma ta ɗanɗani sharrin 'yan bindiga, kamar satar ɗalibai a Birnin Yauri a 2021. Irin waɗannan miyagu ba a kama su sai da labari daga mutanen gari. To, wanda aka tsare ɗan'uwansa ba dalili, ko aka karɓi na goro a hannunsa kafin a rubuta ƙararsa, yaya zai koma da labari? Zai ja bakinsa ya yi shiru, ɓarawo ya ci riba.

Don haka muna roƙon manyan jami'an 'yan sanda na waɗannan ƙananan hukumomi uku su riƙa zama da sarakuna, limamai, fastoci da shugabannin kasuwa, su ji koke da kunnensu. Mun san aikin yana da haɗari, kayan aiki kuma ba su wadata ba, muna kuma yaba wa masu riƙon amana a cikinsu.

Mu ma da namu laifin. Kada mu miƙa kuɗi don a tsare wanda muke bi bashi. Kada mu ɓoye mai laifi don namu ne. In an kira mu, mu je da ladabi, mu tambayi dalili, mu tafi da shaida.

Allah ya ba mu zaman lafiya, amin.