Gonar Gado da Bashin Kaka: Me Ikkilisiya Za Ta Yi?

Duk wanda ya bi hanyar Bichi ko ta Dambatta zai ga gona manne da gona, babu sauran dajin da za a sare. A wannan yanki ƙasa ba ta hutawa, taki ne ke riƙe da ita. Uba ya rasu a raba gandu, jikoki su tashi da 'yar gayauna. Tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023, kuɗin takin zamani da na sufuri suka haura. Manomi yakan ci bashi da damina, da kaka ya sayar da hatsinsa da araha, a kwashe zuwa kasuwar Dawanau, da bazara kuma ya sayo shi da tsada. Idan bashin ya fi ƙarfinsa sai ya jinginar da gonar, daga baya ya koma ɗan ƙwadago a cikinta.

Talakan ƙasar Kano ya taɓa yin irin wannan kuka. Jam'iyyar NEPU, wadda aka kafa a Kano ranar 8 ga Agusta 1950, ta sami karɓuwa a karkara domin ta yi magana a kan haraji da aikin tilas da zaluncin hakimai. An ɗaure magoya bayan Malam Aminu Kano, an yi musu bulala, amma suka dage. A 1979 Gwamna Abubakar Rimi na PRP ya soke haraji da jangali a Jihar Kano. A Bakolori kuwa, kusa da Talata Mafara, manoman da aka karɓe wa gonaki saboda madatsar ruwa sun nemi diyya, ba a saurare su ba. A watan Afrilun 1980 'yan sanda suka buɗe musu wuta, rayuka da yawa suka salwanta. Kukan iri ɗaya ne. A wuri ɗaya ya sami masu ɗaukarsa zuwa gaban hukuma, a ɗayan ya ƙare da jini.

Littafi Mai Tsarki bai yi shiru ba. A Nehemiya sura 5, jama'a sun jinginar da gonakinsu don sayen hatsi da biyan harajin sarki, kuma 'yan'uwansu ne suka karɓe. Nehemiya bai tura su ɗaukar makami ba, bai kuma ce su yi haƙuri kawai ba. Ya tara manyan gari, ya tsauta musu, suka yi alkawarin mayar da gonakin.

Nan aikinmu yake, kuma daga gida za a fara. Dattawan ikkilisiya su bincika: akwai ɗan'uwa a cikinmu da ke riƙe da gonar gwauruwa saboda buhu biyu? A zauna da shi. Daga baikon godiyar kaka a ware rumbu, a ranta wa mabukaci da damina, ya mayar mudu da mudu. A rubuta kowace jingina a gaban mai unguwa da shaidu. A farfaɗo da aikin gayya tare da maƙwabtanmu Musulmi, gama fari da tsadar taki ba sa tambayar addini.

Matashin da ya rasa gonar ubansa, mai neman tada fitina ba ya shan wahalar jan sa. Ubangiji ya ba mu kunnen ji tun da sauran lokaci. Amin.