Takalmin Ma'aikata: A Sayi Na Gida, Amma A Tsaga Ɗaya A Gani

Maganarmu ta wannan mako a kan takalmin aiki take, watau but mai ƙarfe a baki, irin wanda kamfanoni da 'yan kwangila ke saye katan-katan su raba wa leburori.

Wani zai ce ina ruwan kasuwar shanu da riɗi da takalmin lebura. To, a duba masu sayensa. Akwai masu injinan gyaran riɗi da zoɓo, da masu casar shinkafa wajen Haɗeja, da masu gini da aikin hanya, da aikin layin dogo na Kano zuwa Maraɗi da aka ƙaddamar cikin 2021, wanda ya bi ta Kazaure da Daura. A ƙetare kuma ga matatar mai ta SORAZ a ƙasar Damagaram tun 2011, da 'yan kwangilar da ke ci a gindinta. Dokar masana'antu ta 1987 ta ɗora wa mai ma'aikata ya ba mutanensa kayan kariya, har da takalmi, inda aiki ke jefa su cikin jiƙa ko cikin abin da ke cutar da jiki. Kai, ko a kara, yaran da ke lodin shanu a manyan motoci da silifa suke yi, kuma duk wanda bijimi ya taɓa takawa ya san abin da muke faɗi. Saboda haka ciniki ne mai tafiya, kuma yawancinsa ta hannun dillali yake bi, domin manajan kamfani ba ya zuwa kasuwa da kansa, aike yake yi.

Ra'ayinmu shi ne, wanda aka ba shi sautun irin wannan takalmi ya fara neman wanda aka ɗinka a Nijeriya. Ba don kishin ƙasa kaɗai muka faɗi haka ba, lissafi ne. Kafin watan Yuni na 2023 dalar Amurka a farashin gwamnati tana wajen naira 460, cikin Fabrairun 2024 ta haura 1,500. Duk wanda ya karɓi odar kayan waje a tsakanin nan, ya yanke farashi yau, ya je sari bayan mako uku, uwar kuɗi ya taɓa. Sa'an nan ga iyaka. An rufe ta cikin Agustan 2019, ba a buɗe ba sai Disambar 2020, sa'ad da Maigatari ta shiga cikin ƙofofi huɗu na farko da aka buɗe tare da Illela da Seme da Mfum. Aka sake rufewa bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023, har zuwa Maris na 2024. Kayan da ke zagayowa daga Kwatano ta Maraɗi da Damagaram sau biyu ke nan suna maƙalewa a hanya cikin shekara biyar. Wanda takalminsa ke fitowa daga Kano ko Aba bai ji a jikinsa ba. Bugu da ƙari, sefa ɗaure take da kuɗin Turai, ta yi tsada a kan naira, saboda haka kayanmu sun yi wa baƙinmu na ƙetare sauƙi. Takalmin gida yana da masaya a hagu da dama na iyaka.

Ga masu neman kwangilar gwamnati kuwa akwai wata hujja. Cikin Mayun 2017 Muƙaddashin Shugaban Ƙasa Yemi Osinbajo ya sa hannu a umarni mai lamba 003, wanda ya ce ma'aikatun Tarayya su fifita kayan gida, kuma a wasu kayayyaki da aka lissafa, cikinsu har da inifam da takalma, aƙalla kashi 40 cikin 100 na kuɗin saye ya tafi ga abin da aka yi a ƙasa. Cikin Mayun 2025 majalisar zartaswa ta sake jaddada manufar fifita kayan Nijeriya. Ko ana bi ko ba a bi, wannan wata magana ce, amma takarda ce da ɗan kwangila zai iya kafa hujja da ita a ofis.

Masu ɗinkin kuwa akwai su. Aba ce uwa, a kasuwar Ariaria da kewayenta, inda dubban masu sana'a ke zaune a kan takalmi. Cikin 2016 gwamnatin jihar Abiya ta ba da sanarwar cewa rundunar soja ta ba su odar but ƙafa 50,000. Kamfanin Bata, wanda iyayenmu suka sani, ya dawo ya buɗe ma'aikata a Abuja cikin 2019. Nan kusa kuma ga Kano, ga dukawan Ƙofar Wambai da shumekoki masu keken ɗinki, waɗanda idan aka kai musu samfuri za su fitar da irinsa har ka rasa wane ne na asali.

To, a nan fa gizo ke saƙa. Fitar da kama daban, fitar da kariya daban. But ɗin soja da but ɗin mai gadi ba su ne takalmin kariya ba, ko da sun yi kama a ido. Ma'aunin da duniya ke bi, wanda za ku ga an buga da haruffan boko a harshen takalmi, shi ne ISO 20345. Abin da ya shar'anta shi ne bakin takalmi ya jure faɗowar abu mai nauyin kilo 20 daga tsawon mita 1, ya kuma jure danna ta wajen tan 1 da rabi, ba tare da ya lotse ya matse yatsu ba. Wanda aka buga wa SB baki kaɗai ke da kariya. Wanda aka buga wa S3 yana da baki, yana da faranti a ƙasa mai hana ƙusa hudowa, fatarsa kuma ba ta saurin shan ruwa. Dillalin da bai san bambancin waɗannan ba zai ba da farashin na biyu ya kawo na farko, ko kuma a yi masa haka.

Mun sha ganin takalmin da aka cusa wa guntun gwangwani a baki, ko kwali mai tauri da aka shafe da gam, an danna da yatsa an ji ƙarfi an ce sai a loda. Irin wannan ya fi silifa haɗari. Mai silifa ya san ƙafarsa a waje take, yana kaffa-kaffa; mai jabun but ya saki jiki, ranar da bulo ya faɗo gwangwanin ne zai lanƙwashe ya datse masa yatsu. Kuma kada a ɗauka na gida kaɗai ke da wannan ciwo. Cikin katan-katan masu zuwa daga Sin akwai na ƙwarai, akwai wanda lamba kawai aka buga masa. Gwanjo ma haka, domin bakin ƙarfen da ya taɓa shan duka sau ɗaya ya gama aikinsa ko da bai nuna a waje ba, shi ya sa can inda ya fito suka yar.

Shawararmu, kuma ita ce gundarin wannan magana: kada a biya kafin alƙalami sai an karɓi samfuri ƙafa biyu. Ɗaya a sa wuƙa a tsaga shi tun daga baki har dunduniya a gaban mai ɗinki ko wakilinsa. A ciro bakin a duba kaurinsa, a ɗora shi a ƙasa a sako masa dutse. Maganaɗisu zai gaya maka ko ƙarfe ne, amma a lura akwai baki na ƙwarai da ba na ƙarfe ba, wanda masu aikin lantarki suka fi so, saboda haka duka shi ne shaida. A duba yankan fatar: ta gaske tana da gashi-gashi a ciki, ta roba kuwa yadi ne a bayanta, in aka kusa da ita wuta sai ta narke da warin leda. A duba ko sol ɗinke yake ko manne. A ƙasarmu, inda bazara ke haura digiri 40 kuma kwalta da rairayi ke ƙuna kamar tanda, gam kaɗai ba ya riƙe takalmi wata uku, sai ka ga ya buɗe baki kamar kada. Ɗaya ƙafar kuma a sa mata hannu, kai da shi, a ajiye a sito. Ita ce alƙali ranar da kaya suka iso.

Kuɗin takalmi ƙafa ɗaya da aka tsaga bai kai la'adar dozin biyu ba, amma 'yan'uwa suna ƙyashinsa, su je su yi asarar katan hamsin. Mai ɗinki na gaskiya ba ya fushi in an tsaga masa kaya, shi zai miƙo wuƙar. Wanda ya ɓata rai ya riga ya ba ka amsa.

A kula kuma da wani irin sol mara nauyi mai kama da soso, wanda ake kira PU. Yana da daɗin tafiya, amma idan ya daɗe a ajiye, balle inda zafi da laima, sai ya ruɓe a tsaye, ranar da aka sa shi ya marmashe kamar ƙuli-ƙuli. Wanda ya ga tsohon kaya a sito ana karyar da shi ya tambayi shekarar da aka yi shi tukuna. Araha ba ta ado. A nan ma na gida ya fi, tun da yau za a ɗinka maka, jibi ka ɗauka. In kamfani babba ne ke ɗinkin, a nemi takardar MANCAP ta hukumar SON, ita ce shaidar ingancin kayan da aka yi a ƙasa. Ƙaramin mai sana'a da wuya ya kasance da ita, shi wuƙa ce takardarsa.

Akwai abin da ya kamata a faɗa wa mai saye tun farko, kada ya ji a bakin wani. Yawancin takalmin da muke kira na gida, ɗinkin ne na gida. Bakin ƙarfe daga waje yake zuwa, sol sau da yawa haka, wani lokaci har fatar. Shekaru da yawa jerin haramtattun kaya na kwastan ya hana shigo da takalma, amma ya keɓe na kariya da ma'aikatan mai ke sawa, da na wasanni, da sassan da ba a haɗa ba. Watau takalmin kariya na waje yana da ƙofar shigowa a buɗe, mai ɗinkin gida kuma ya saba da harhaɗa sassan waje. Ba laifi ba ne. Laifi shi ne a buga wa takalmin Aba sunan Italiya don a ƙara kuɗi, ko a cire tambarin Sin a ce na gida ne don a ci kwangilar gwamnati. Dukansu algus ne, kuma malamai sun gama magana a kan algus.

Batun fata shi ne ya fi ci mana rai, domin a ƙofarmu yake. But ba a yin sa da fatar akuya. Jar akuya ta Sakkwato da Maraɗi fatarta ta yi suna har Turai, kuma manyan majemun Kano na Challawa da Sharaɗa da Bompai fatun awaki da tumaki suka fi jemewa su aika Italiya da Sifen, inda ake jakunkuna da takalman gayu. Takalmin aiki kuwa kirgi yake so, mai kauri. Ina kirginmu? Shanun da ake lodawa a nan duk Alhamis da kirginsu a jiki suke tafiya kudu, can a babbake shi a ci ganda, kuma mai ganda yana biyan abin da majemi ba zai iya biya ba. Ɗan abin da ya rage a mahautanmu, wani an ɓata shi da lalas a tsakiyar baya tun dabba na da rai, wani kaska ta cinye, wani wuƙar fiɗa ta huhhuda, wani an shanya shi a ƙasa rana ta gasa shi. Zamanin da jirgin Kano zuwa Nguru, wanda ya isa can cikin 1930, ke tsayawa a tashar Gagarawa, fata da kirgi suna cikin kayan da ake aunawa tare da gyaɗa, har akwai malaman fata masu duba fiɗa da shanya. Yau ƙasar da ke da shanu ita ke sayen jemammen kirgi daga waje ta yi takalmi.

Ga makarantar koyon aikin fata ta NILEST a Samarun Zariya, aikinta ke nan, koyar da fiɗa da jima da ɗinki. Ga kuma filin ciniki maras haraji na Maigatari da aka kafa tun zamanin Gwamna Saminu Turaki, wanda ya daɗe bai cika burin da aka ɗora masa ba. Ba mu ce a gina mana kamfanin takalma gobe ba, mun ji irin wannan alkawari har mun gaji. Rumfa ɗaya mai inuwa da siminti da gishiri, inda za a tara kirgi a ware shi lamba-lamba, da sarakunan pawa da za su tsaya a kan yaransu su daina huda, ta isa ta sa majemin Kano ya aiko da mota. Masu kiwo kuma in lalas ya zama dole, a yi shi a ƙafa ko a kumatu, a bar baya.

Mu koma kan dillali, tun da shi ne a tsakiya. Ranar da sol ya ɓalle ko lebura ya rasa yatsu, manaja ba zai tafi Aba neman mai ɗinki ba, kai zai nema, zomo ba ya fushi da makashinsa sai da maratayinsa. Saboda haka a rubuta komai, da ajami ko da boko: irin fata, irin baki, sol ɗinke ko manne, yawan kowace lamba, ranar kawowa, da sharaɗin cewa abin da ya saɓa wa samfuri mai shi zai kwashe a kuɗin motarsa. A yawaita lamba 42 zuwa 45, a kuma roƙi ƙira mai faɗi, domin ƙafar da ta tashi a gona ba ta shiga ƙirar Turawa cikin daɗi, kuma takalmin da ke matsa lebura a rataye yake yini a wuyan mashin. Kuɗi a raba shi uku, na fara aiki, na rabin kaya, na ƙarshe bayan an buɗe katan an zaɓi ɗaya daga tsakiya an sake tsagawa. Kada a yarda da na sama, kowa ya san yadda ake jera tumatir a kwando.

Daga mako mai zuwa, in Allah Ya yarda, za mu ƙara layi a shafin farashi na kirgi mai gishiri da busasshe, na Maigatari da na Gumel, kusa da farashin shanu. Masu awon fata su aiko mana da abin da suka saya kafin azahar ta Alhamis.