Raha A Ɗakin Tiyata: Ina Iyakarta?

Duk wanda ya taɓa zama a kan benci a ƙofar ɗakin tiyata, yana jiran a fito masa da ɗansa ko matarsa, ya san yadda minti ɗaya kan zama kamar yini guda. A irin wannan zama babu abin da ya fi sukar zuciya kamar a buɗe ƙofa mutum ya jiyo dariya daga ciki. Nan take sai ya ce a ransa, ashe namu yana can rai a hannun Allah, su kuwa nishaɗi suke yi. Waɗansu har sukan ce ya kamata hukumomin asibiti su hana raha a wannan ɗaki ɗungum. Ni dai ban goyi bayan haka ba, ko da yake na san zafin da ya jawo maganar. A ganina raha tana da gurbi a ɗakin tiyata, amma tana da iyaka, iyakar kuwa ba mai wuyar ganewa ba ce.

Da farko ya kamata mai karatu ya sani dariya ba baƙuwa ba ce a sha'anin fiɗa, gama maganin da ke hana jin zafin wuƙa ma daga dandalin ban dariya ya fito. A 1800 wani masanin kimiyya na Ingila, Humphry Davy, ya rubuta cewa iskar nan ta naitiros oksaid, wadda ke sa wanda ya shaƙe ta ya yi ta ƙyalƙyala dariya, za ta iya amfani wajen fiɗa. Aka yi shekara fiye da 40 ba a kula da shawararsa ba, sai dai masu wasa suna yawo da iskar gari gari suna ba 'yan kallo dariya. A watan Disamba na 1844, a garin Hartford na Amurka, wani likitan haƙori mai suna Horace Wells ya halarci irin wannan wasa, ya ga wani ya shaƙi iskar ya ji rauni a ƙafa bai ko sani ba. Kashegari ya shaƙa da kansa aka cire masa haƙori. Shekara biyu bayan haka, ran 16 ga Oktoba 1846, aka yi fiɗa a bainar likitoci a birnin Boston bayan an sa majiyyaci barci da wani magani mai suna ita, daga nan duniyar tiyata ta sake.

Sa'an nan mu dubi halin da ma'aikatan ɗakin suke ciki. Mutum ne zai tsaya sa'a biyar ko shida a kan ƙafafunsa, fuska a rufe, hannu cikin jini, ya kuma san kuskuren da bai kai faɗin zare ba yana iya zama ajalin wani. Gobe ma haka, jibi ma haka. Zuciyar ɗan Adam ba dutse ba ce, in ba ta sami inda za ta sarara ba, ko dai ta karaya ko ta ƙeƙashe. Kalma ɗaya ta barkwanci bayan an tsallake wuri mai hatsari takan sauke nauyin da ke kan kowa.

Akwai wani amfani da ya fi wannan girma. Ɗakin tiyata wuri ne na manya da ƙanana, daga babban likitan fiɗa, da likitan sa barci, da ƙananan likitoci, da ma'aikatan jinya, har zuwa ɗalibi. Inda babba ya ɗaure fuska ba ya wasa da kowa, ƙaramar ma'aikaciyar jinya da ta lura ƙidayar auduga ba ta cika ba tana iya yin shiru don tsoro, a ɗinke mutum da auduga a cikinsa. Inda kuwa aka saba sakin fuska, bakinta ba zai yi nauyi ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta gane muhimmancin wannan, shi ya sa a cikin jerin abubuwa 19 da ta fitar a 2008 don a riƙa dubawa a kowace fiɗa, ta sa har da cewa kowa a ɗakin ya faɗi sunansa da aikinsa kafin a sa wuƙa. Da aka gwada wannan tsari a asibitoci takwas na ƙasashe dabam dabam, har da wani a Ifakara ta Tanzaniya, sakamakon da aka buga a 2009 ya nuna mace-mace sun ragu daga kashi 1.5 cikin ɗari zuwa kashi 0.8. Gaskiyar masu iya magana da suka ce shimfiɗar fuska ta fi ta tabarma.

To, ina iyakar take? Al'adarmu ta riga ta ba da amsa tun ba a gina asibiti ba. Muna da wasa tsakanin taubasai, da jika da kaka, da Kanawa da Zazzagawa, da Fulani da Barebari. A cikin waɗannan duka sharaɗi ɗaya ne, watau wanda aka tsokana yana nan, yana ji, yana kuma da bakin ramawa. Da zarar an rasa wannan sharaɗi, abin ya tashi daga wasa ya koma cin mutunci. Mutumin da aka tuɓe, aka kwantar, aka sa shi barci, ba ya da bakin ramawa. Ya miƙa jikinsa da sirrinsa amana ne. Saboda haka likita ya yi raha da abokin aikinsa, ya yi wa kansa dariya, ya tsokani majiyyaci a farke don ya kwantar masa da hankali, duk wannan halal ne. Amma ƙibar mutum, ko tsiraicinsa, ko talaucinsa, ko irin cutar da ta kawo shi, ba abin wasa ba ne.

Misalai biyu sun isa. A 2013, a Jihar Bajiniya ta Amurka, wani mutum ya je a duba masa hanji da na'ura, aikin da sai an sa mutum barci. Ya kunna rakodar wayarsa don kada ya manta da bayanin da likita zai yi masa, wayar kuwa ta ci gaba da ɗauka yana barci. A hanyar komawa gida ya saurara, sai ya ji likitar sa barci tana yi masa ba'a, tana jingina masa cututtukan da ba ya da su, har tana cewa za ta rubuta masa basir a takarda alhali ba ya da shi. A 2015 kotu ta ba shi diyyar dala 500,000. A wannan shekara ta 2013 kuma, a birnin Birmingham na Ingila, wani ƙwararren likitan dashen hanta ya yi amfani da na'urar tsayar da jini ya zana haruffan farko na sunansa a jikin hantar majiyyata biyu. Asiri ya tonu ne da wani likita ya sake buɗe ɗayansu ya ga rubutun. Uzurin da ya kawo shi ne wai ya yi ne don ya sassauta zaman ɗar-ɗar da ake yi a ɗakin. A 2018 kotu ta ci shi tarar fam 10,000, a 2022 aka soke sunansa daga rajistar likitoci. Ko shakka babu da shi aka kwantar ba zai yarda a yi masa haka ba. Wanzami ba ya son jarfa.

Wani zai ce, ai mai barci ba ya ji, mene ne laifin? Wannan hujja ba ta da ƙafa. Fiɗa da yawa, musamman ta ciro jariri, da allurar ƙashin baya ake yin su, mace tana farke tana jin duk abin da ake faɗi a bayan labulen da aka kare ta da shi. Ko a cikakken barci ma akan sami wanda ya farka bai iya motsi ba. Wani babban bincike da aka buga a Ingila a 2014 ya sami rahoton irin wannan farkawa kimanin sau ɗaya cikin 19,000, a fiɗar haihuwa kuwa kimanin ɗaya cikin 670. In ma majiyyaci bai ji ba, ai ɗalibin da ke tsaye a gefe ya ji, kuma abin da ya ga malaminsa yana yi shi zai ɗauka ya tafi da shi asibitin da za a tura shi. Da haka mugun hali kan zama gado.

Bayan iyakar mutunci akwai iyakar lokaci. Tun 1981 hukumar kula da jiragen sama ta Amurka ta hana matuƙa duk wata hira da ba ta shafi aiki ba a lokacin tashi da sauka, muddin jirgi yana ƙasa da ƙafa 10,000. Ba ta hana su hira a sararin sama ba, ta dai ware lokutan hatsari. Ɗakin tiyata ma yana da nasa tashi da sauka, watau lokacin sa barci, da lokacin tabbatar da sunan majiyyaci da gaɓar da za a yanka, da lokacin da jini ya ɓalle, da lokacin ƙidayar auduga da almakasai kafin a rufe ciki. A waɗannan wurare kowane baki ya kamata ya yi shiru sai na aiki.

Bisa ga haka, ina kira ga hukumomin asibitoci da makarantun koyon aikin likita da na jinya su sa wannan batu cikin abin da suke koyarwa a fili, su kuma buɗe hanyar da ƙaramin ma'aikaci zai kai ƙara ba tare da fargabar abin da zai biyo baya ba. Ga ɗalibanmu kuwa, ma'auni ɗaya ya ishe ku. Kafin ka furta abin dariya, ka ɗauka mahaifiyarka ce a kwance, kuma tana ji. In za ta yi murmushi, faɗi abinka. In za ta sunkuyar da kai, haɗiye shi.

Mu ma da ke zaune a kan benci mu yi wa ma'aikata adalci, gama sau da yawa dariyar da muke jiyowa alama ce an tsallake hatsari. Su kuma kada su ɗauki wannan magana a kan suka, gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba. Allah Ya ba marasa lafiyarmu sauƙi, Ya kuma ba masu jinyarsu ikon riƙe amana.