Gidan Da Kishi Ya Ƙawata

Yau ƙasar Faransa zan kai ku, ƙauyen Shanonso, inda wani tsohon gidan sarauta yake zaune daram a kan kogin Sher.

A 1547 Sarki Hanri na 2 ya ɗauki gidan sukutum ya ba farkarsa Diyana, wadda ta girme shi da kusan shekara 20, uwargida Katarina tana kallo. Diyana ta sa aka gina gada daga gidan zuwa ƙetaren kogi. Uwargida ta yi shiru, kun dai san irin shirun nan.

Sarki na rasuwa a 1559 ta karɓe gidan, Diyana ta kwashe komatsanta. Wallahi ramuwar ta burge ni, don ba ta rushe gadar ba. Dogon zaure mai bene ta ɗora mata, tsawonsa mita 60, ana ta shagali a kan aikin abokiyar kishinta.